Neman kalmar Hausa: fim ɗin da almakashi bai taɓa ba

Mai tambaya: Assalamu alaikum, malamai. Ranar Juma'a zan gabatar da shirin rediyo kan finafinan mawaƙan rok da ƙananan kamfanoni ke shiryawa, kuma kalmar "uncut" ta gagare ni. Misalina shi ne Lords of Chaos na Jonas Åkerlund, wanda aka nuna a bikin Sundance a 2018, kan Mayhem, wata ƙungiyar mawaƙa ta ƙasar Norwe, da ƙone-ƙonen majami'u na 1992, da kisan jagoranta a Oslo a 1993. A Amurka an fitar da kwafin da aka rage wa wuraren zubar da jini, an kuma fitar da wanda ba a rage wa komai ba. Na biyun nake nema wa suna.

Malamin Hausa: Wa alaikumus salam. Ki ce "wanda ba a tace ba". Tun da aka kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a 2001, kowa ya san ma'anar tacewa.

Mai haɗa hoto: Malam, a gafarce ni, a wurinmu masu sana'ar "tace hoto" shi ne aikin haɗa fim bayan an gama ɗauka. Wanda ya ji "ba a tace ba" zai ɗauka ɗanyen ɗauka ne, alhali wannan fim an kammala shi, abin da ba a yi ba kawai shi ne datse wuraren da ake ganin sun yi tsauri. Ni "wanda ba a datse ba" na fi so.

Dattijo: Duk kun kawo jimloli, ba suna ba. Na daɗe ina cewa "ɗungurungum", domin ita ce ke nuna abu gaba ɗayansa. Kuma "majigi" ya kamata a ce, ba "fim" ba. Aro ya yi mana yawa.

Malamin Hausa: Ranka ya daɗe, "majigi" ita ma aro ce daga Turanci, ta dai riga "fim" zama ne kawai. Harshen da ya hau iska a BBC tun 1957 ba ya jin kunyar aro.

Dattijo: Shi ya sa nake so a ga cewa muna iya ƙirƙira da kanmu, ba sai mun jira Landan ta yanke mana ba.

Mai haɗa hoto: Baba, "ɗungurungum" tana nuna cika, amma ba ta gaya wa mai sauraro cewa akwai wani kwafin da aka rage, kuma nan ne gargaɗin yake ga iyaye.

Mai tambaya: Na gode. A farkon shirin zan ce "cikakken kwafi, wanda ba a datse ba", daga baya in taƙaita da "cikakken kwafi".

Dattijo: To, Hajiya, ki yi amfani da shi saboda Juma'a ta matso, amma "kwafi" ma aro ce, kuma ban janye tawa ba.