Musayar waƙa kan Asiya Abdulmajid

Ɗan Mai Wurno:
Salamu alaikum 'yan uwa. Na buɗe zauren nan ne don tunawa da Asiya Abdulmajid, 'yar wasan kwaikwayon Sudan da harsashi ya kashe a Bahri, kusa da Khartoum, ana cikin yaƙi a watan Mayun 2023. Mai baiti ya kawo.

Da sunan Allah na ɗauki alƙalami,
Yau waƙata ta baiwar Allah ce, Asiya.
A 1965 ta hau dandamali,
A Omdurman, babu tsoro a zuciya.
Abbud, shugaban mulkin soja, ya faɗi, shekara ta zagayo,
Aka yi wasan Pamseeka, ita ce tauraruwar jama'a gaba ɗaya.

Hajiyar Gadarif:
Ɗana, ka yi kyau, amma ka yi sauri,
Ka tsallake abin da ke tsakiya.
A zamaninmu mace ta fito wasa,
Sai a ce ta zubar da mutuncin zuriya.
Mu a tsakar gida muke jin rediyo,
Hannu na tuƙa asida, kunne na biya.
Ita ta fita, ta je har Alƙahira,
Ta karanci wasa, ta riƙe shi sana'a da gaskiya.

Malam na Kasala:
Hajiya, ni fa ban san da ita ba,
Sai ranar da labarin rasuwarta ya zaga duniya.
Faituri na sani, mawaƙin nan,
Aka ce mini shi ne ya auri Asiya.
To in mijin ne ya sa aka san ta,
Ina nata aikin da za mu riƙe a hujja ɗaya?

'Yar Madani:
Baba Malam, Allah ya ƙara girma,
Nan kam zan ja da kai, ka yi mini afuwa da lafiya.
Faituri da baitinsa, ita da dandamalinta,
Kowa da gonar da ya nome tun safiya.
Kafin ta, wace mace ta mai da wasa aikinta a Sudan?
Ita ta fara share wa na baya hanya.
Da ta bar wasa ba ta zauna ba,
Ta koma koyar da yara, ta zame musu uwa da kakanniya.
Ran da ta cika, wutar yaƙi ta hana zuwa maƙabarta,
A harabar makarantar yaran aka yi mata makwanciya.
Shekara 80, Baba, aka binne ta cikin gaggawa,
Ina rubutawa hawaye na zuba a idaniya.

Malam na Kasala:
'Yata, na ji, kin ba ni hujja,
Allah ya jiƙan ta, ya yi mata rahama da afiya.

Ɗan Mai Wurno:
Amin, Baba. Saura roƙo guda:
Mai tsohon kaset na wasanta, ko hotonta a ajiya,
Ya ɗora mana nan mu gani da idonmu,
Yaranmu na Sinnar ba su taɓa ganin fuskar Asiya.