Don Allah ya zan kalli BBNaija a waya babu dikoda?

Salam 'yan uwa, taimako nake nema. Ina zaune a Agege kusa da Zango, mai gidan da nake haya ya ce ba wanda zai ƙara kafa masa dish a rufi, ni kuma dama kuɗin sabsikirifshon na wata-wata ya fara fin ƙarfina. BBNaija (Big Brother Naija, shirin talabijin da ake tara 'yan takara a gida ɗaya) kawai nake son kallo, ba ƙwallo ba ba fim ba. Da a DStv tasha ta 198 nake gani, awa 24 suke nunawa, amma ni abin da ya dame ni shi ne daren Lahadi da Ebuka, mai gabatar da shirin, yake korar mutane daga gidan, sai fatin daren Asabar in an samu.

Na bi link ɗin da ake turawa a guruf, wallahi talla kawai, ka danna ya kai ka shafin caca, wani ma cewa yayi sai na sa lambar katina, nan na gudu. A wata manhaja da ake biyan kuɗi kuma na yi rajista amma kati na yaƙi wucewa duk da akwai kuɗi a ciki. Guntayen da ake sawa a YouTube da TikTok ba sa isa na, kafin in gani yaran shago sun gama ba ni labari.

To wacce hanya ce ta halal da mutum zai biya na waya kaɗai? Ana iya biya da tiransifa ko USSD? Kuma data nawa shirin Lahadi yake ci in na rage kwaliti? Wayata Tecno ce tsohuwa, ta Android.