Baƙin kurant ɗina ya ƙi toho a Agege: wane iri ne zai jure Legas?

Maman 'Yan Biyu, Agege

Assalamu alaikum 'yan uwa. Shawara nake nema wurin waɗanda suka san harkar shuka, don abin nan ya tsaya mini a rai.

Baƙin kurant nake nufi, ɗan itacen nan da ake yin Ribena da shi. Hajiyarmu tun da jinya ta kwantar da ita bakinta ya daina karɓar abubuwa da yawa, amma duk abu mai ɗan tsami tana sha. Ƙanwata da ke aure a Ingila tana da shi a bayan gida, duk shekara sai ta turo mini hoton roba cike da 'ya'yan. A watan Fabrairun bara da ta zo duba Hajiya sai ta riƙo mini tushe uku, biyu baƙi ɗaya ja. Babu ganye ko ɗaya a jikinsu, kamar tsinken tsintsiya, saiwar a naɗe cikin jiƙaƙƙiyar jarida. Takardar jikin baƙaƙen an rubuta Ben Sarek, ta jan kuma Rovada.

Na samo bokitan fenti manya guda uku, na zuba ƙasar bayan gida da takin awaki, na jera su a baranda inda rana ke bugawa da safe kawai. Wallahi ko kwana goma ba su yi ba idanun rassan suka fashe. Ganye ya fito kore shar, idan ka murza shi a yatsa ƙamshinsa sai ya wuni a hannunka. Ɗaya daga cikin baƙaƙen har fure ya yi, akasari ya kakkaɓe, amma ƙwaya tara suka tsaya suka nuna. Na ƙirga su da hannuna. A murfin kofi na kai wa Hajiya, ta tauna ɗaya bayan ɗaya tana lumshe ido.

Daga nan komai ya juya. Ruwan Yuni da Yuli ya sauka, jan ya fara yin rawaya daga ƙasa, da na tuge shi saiwar ta yi baƙi tana wari. Ɗaya baƙin wata farar funfuna ta rufe masa ganye kamar an barbaɗa gari, shi ma ya tafi. Saura ɗaya. Yana nan da rai, idan na ɗan kankare ɓawon da farce cikinsa ɗanye ne. Amma bana ya ƙi toho. Idanun suna nan a kulle, sai can ƙarshen reshe biyu ne wasu 'yan ganye suka leƙo, ƙanana a murɗe. Na ƙara taki, na sauya masa wuri, shiru.

Ƙanwata za ta sake zuwa da babbar salla. Wane iri zan ce ta nemo wanda zai jure zafinmu? Ko a wajen kula ne na yi kuskure?

Ɗalibin Noma, Dandi (ɗan Idi-Araba)

Wa alaikumus salam Anti. Allah Ya ba Hajiya lafiya, Ya sa kaffara ne.

Ba ki yi kuskuren da ya hana shi toho ba, ki cire wannan daga ranki. Kuma ba zafi ba ne babbar matsalar, rashin sanyi ne. Ina karatu a Sikotilan, kuma kusa da garin da nake, Dandi (Dundee), akwai cibiyar bincike ta James Hutton, a Invergowrie. A can aka fitar da duk ire-iren nan masu suna Ben: Ben Lomond da ya fito a 1975, Ben Sarek naki, Ben Connan, Ben Hope. Kin ga tun asali don wannan ƙasa mai ƙanƙara aka yi su.

Ga yadda itacen yake. Idan kaka ta shigo a nan, rana ta gajarta, sai ya zubar da ganye ya shiga barci. Idanun nan da kike gani a kulle ba za su buɗe ba sai sun tara awannin sanyi, wato lokacin da ma'auni ke ƙasa da digiri 7. Kurant yana neman daga awa 800 zuwa sama, wasu ire-iren baƙin sai ninkin haka. Awa 1,000 kusan kwana 42 ke nan cur, dare da rana. Wannan kariya ce Allah Ya yi masa, don kada ɗumin kwana biyu a tsakiyar hunturu ya ruɗe shi ya yi toho ƙanƙara ta ƙone shi. To a Legas ko a tsakiyar hunturunmu, da asuba, da wuya ma'auni ya sauka ƙasa da digiri 20. Awa ɗaya tak ba zai samu ba.

Abin da kika gani bara, sanyin Ingila ne ya zo da shi a jikinsa. An tono shi a Fabrairu ya riga ya cika awanninsa, yana jin ɗumin Agege sai ya farka. Ƙwaya taran nan ma tun a can aka ƙulla furensu a cikin ido, domin baƙin kurant a kan reshen bara yake haihuwa. Bana kuwa babu abin da ya tara, shi ya sa taki bai motsa shi ba.

Batun iri, gaskiya babu wanda zan ce ki sa a sayo. Ko a nan manoma sun fara kuka da yadda hunturu ke raguwa, toho na fita a rarrabe, har an fitar da irin da bai cika neman sanyi ba kamar Ben Lawers. Amma ragin da aka yi na daidai kudancin Ingila ne, bai kusanci Legas ba ko kaɗan. Jan kurant da farinsa ma haka suke, Rovada ko Jonkheer van Tets duk daga Holan suka fito.

Abu ɗaya kuma don Allah: shuka mai saiwa ba a shigo da ita Najeriya sai da izinin hukumar killace kayan gona, NAQS. Ba don wahalarwa ba ne. Wannan kurant ɗin Amurka ta haramta nomansa a 1911 saboda yana ɗauke da wata cuta mai kashe itatuwan katako, sai 1966 gwamnatin tarayyarsu ta janye, jihar New York kuwa sai 2003. Ki gaya wa ƙanwarki, kada a je garin alheri a shigo da cuta.

Maman 'Yan Biyu, Agege

Na gode ƙanena, Allah Ya ba da sa'ar karatu. Ban san da maganar izini ba, zan sanar da ita yau. To idan na sa bokitin a firji na wata biyu fa?

Ɗalibin Noma, Dandi (ɗan Idi-Araba)

A ilimance zai iya farkawa, don haka ake yi a ɗakunan gwaji. Amma sai sanyin ya ɗore ba yankewa. Duk lokacin da aka ɗauke wuta firjin ya huce, ɗumin yana goge wani sashe na abin da ya tara. Kuma ko ya farka, damina na jiransa da funfuna da ruɓewar saiwa kamar bara. Kuɗin man janareta na wata biyu a kan ƙwaya goma, ni ban ga ribar ba Anti.

Baban Kayan Gwari, Mile 12

Salamu alaikum. 'Yata, shekarata talatin da wani abu ina sauke kaya a kasuwar nan, kuma duk abin da ke son sanyi daga Filato yake zo mana: dankalin Turawa, kabeji, karas, koren wake. Har sitiroberi suna yi a Chaha ta wajen Vom. Amma ban taɓa sauke kwandon wannan naki daga Jos ba, kuma Jos ɗin da mutum ke kwana da bargo biyu. Abin da Jos ba ta kawo ba, Agege ba za ta ba ki ba.

In tsami da launi Hajiya ke so, me ya raba ki da zoɓo? Ki sa a kawo miki irin baƙin nan na Jigawa, wanda har Meziko ake fitarwa. Kada ki shuka da ruwan farko, zai yi ta tsawo da ganye ne kawai, don ba ya fure sai rana ta fara gajarta. Ki bari sai ƙarshen Yuli ko cikin ɗan tsagaitawar ruwa na Agusta, ki tsinke wajen Disamba. Ganyen kuma ga miyar yakuwa. Makwabtanki Yarbawa suna shuka farinsa, isapa, ki duba bayan gidajensu za ki gani yana yi.

Mu da muka tashi a karkara da tsada da ɗinya da cizaƙi muka girma. Cizaƙi idan ya nuna ya yi baƙi, ba shi da nisa da abin da kike kwatantawa. Sai dai ƙaya gare shi, kuma ya fi son ƙasar da ba ta riƙe ruwa.

Uwargida Mai Kek, Obalende

'Yar uwa sannu da jinya. Ƙwaya taran nan a murfin kofi sun taɓa ni, don ni ma na yi jinyar uwa.

Kafin komai, kada wani ya ce ki shuka busasshen kurant da muke sa wa a kek. Wannan ba shi ba ne sam, ƙaramin inabi ne marar ƙwallo da ake busarwa a Girka, suna ne kawai ya zo ɗaya.

Ni abin da ya karɓe ni a saman bene shi ne mulberi. Masu sayar da furanni a bakin titi suna da shi, ko ki roƙi reshe wurin mai shi, don reshe kawai ake dasawa. Ki yanko mai kaurin fensir, tsawon kamu ɗaya, ki soke rabinsa a ƙasa mai laima ki ajiye a inuwa. Cikin sati uku zuwa huɗu zai kama. Nawa bai cika shekara ba ya fara 'ya'ya. Sirrinsa aski: idan ya gama zubi sai ki datse rassan ki tsige ganyen, sabon toho na fitowa tare da 'ya'ya a hammatar kowane ganye. Suna farawa kore, su koma ja, su ƙare baƙi wuluk. In kina son tsami ki tsinke su suna ja mai duhu. Nakan tafasa kofi biyu da ɗan zoɓo da sukari kaɗan in tace, launin da ke fita sai kin gani. Ki dai kula da farin kaya a igiyar shanya, tsuntsaye na ci su ɓata, kuma kada ki dasa shi a ƙasa kusa da sokawe, saiwarsa na bin ruwa.

Na biyu aserola, wasu na ce mata cerin Barbados. Ita ƙasar zafi ce gidanta, tana zubi sau da yawa a shekara. In don bitamin C ne ma, baƙin kurant yana da wajen miligiram 180 a giram 100, ya ninka lemon zaƙi sau uku, amma aserola ta haura 1,000. Ki sayi dashe, ƙwallonta ba ya yawan tsirowa. Kuma ba ta ajiyuwa, ranar da kika tsinka ranar za a sha.

Sai maganar bokiti, don a nan ne nake zargin jan naki ya mutu. Kin huda gindinsa? Ruwan Legas ba ya wasa. Ki ƙona ƙusa ki yi huji kamar goma a ƙasa, wasu kuma a gefe daf da gindi. Ƙasar bayan gida ita kaɗai daƙilewa take yi, ki haɗa ta da yashi mai kaushi da takin da ya riga ya ruɓe, kashi ɗaya ɗaya. Sannan ki ɗora bokitin a kan bulo biyu don ruwa ya tsane. Ɗanyen kashin kaji kuma ki nisance shi, ƙona saiwa yake yi.

Maman 'Yan Biyu, Agege

Allah Ya saka muku da alheri baki ɗaya. Yaya, huji uku kawai na yi, kuma a kan siminti bokitan suke zaune, kin gano shi. Baba, na ji, akwai direban da ke zuwa Maigatari ta Jigawa a layinmu, zan ba shi saƙon irin zoɓon.

Na yi waya da ƙanwata, mun bar maganar tushe. Za ta dafa nata ta yi jam ta riƙo wa Hajiya kwalba biyu. Wanda ya rage ɗin ba zan iya tuge shi ba tukuna, na mayar da shi lungun da ya fi inuwa, zan ci gaba da ba shi ruwa har ya ga dama.

Bokitai biyun na wanke su, gobe yara za su huda. Yaya, ranar Asabar ina da kai ɗinki Ikoyi, zan biyo ta Obalende. In mulberinki ya isa aski, don Allah ki ajiye mini reshe uku.