Neman shawara: zagayen Golden Circle a Ayislan cikin Disamba

Baban Khalifa: Salam 'yan uwa, don Allah a taimaka da shawara. Karatu nake a Ingila, hutun Disamba nake so mu leƙa Ayislan ni da madam da yaronmu ɗan shekara 4, mu yi zagayen nan da ake ce wa Golden Circle (Thingvellir, Strokkur da Gullfoss) daga Reykjavik, babban birninsu. In ɗauki hayar mota ne in tuƙa da kaina ko mu bi bas ɗin 'yan yawon buɗe ido? Kuɗin bas mu uku ne ya ɗan tsorata ni.

Abban Yusra: Wa alaikumus salam. Ɗan uwa ka bi bas wallahi. Disamba fa hasken rana bai wuce awa huɗu zuwa biyar ba, sai wajen 11 gari ke wayewa sosai, kuma hanyar ta haura kilomita 200, ga ƙanƙara a kan kwalta ga iskar da take iya fisge ƙofar mota in ka buɗe da sakaci, kai kuma da iyali a baya baka saba ba. In tuƙin kake so bari sai Yuni, lokacin dare ma kusan babu.

Maman Amir: Gaskiya ne. Kuma ku riƙe yaron gam a wurin Strokkur, maɓuɓɓugar ruwan zafin nan, duk bayan minti 5 zuwa 10 yake feso ruwa sama kusan mita 20, tafasasshe ne, kar ya tsallake igiya. Gullfoss ma, inda ruwan kogi ke zubowa daga sama, santsi gare shi, ruwan daga mita 32 yake gangarowa hawa biyu, a sa takalmi mai ƙarko.

Malam Sani: Kar ku yi gaggawa a Thingvellir, ni nan ya fi taɓa ni. Ƙasa ce ta tsage, faifan ƙasa na Arewacin Amurka da na Turai da Asiya suna rabuwa kamar santimita 2 a shekara, kana tafiya tsakanin baƙaƙen duwatsun da aman wuta ya bari, Allahu akbar. Nan mutanen Ayislan suka kafa majalisarsu tun shekarar 930. Ka tafi da alwala, azahar da la'asar da magariba a manne suke.

Baban Khalifa: Na gode ƙwarai, Allah ya saka. Biza fa?

Abban Yusra: In fasfon Najeriya ne ta Ingila ba za ta shigar da kai ba, Schengen za ka nema, wato bizar haɗin gwiwa ta ƙasashen Turai da Ayislan ke ciki, fara tun yanzu.