Neman kalma: me za mu kira lambar da ke ƙasa da sifili?

Baban Ummi: Salam jama'a, malaman Hausa da na lissafi ku zo ku fid da ni kunya. Jiya da daddare ina taya 'yata aikin gida, an ba su x + 7 = 3, na ce mata ki ɗauka sikelin mahauci ne, abin da kika ɗebe nan sai ki ɗebe can, to ɗebe 7 kowane gefe, sai yarinya ta tsaya tana kallona wai Baba ta ina za a cire bakwai cikin uku. Amsar −4 ce, amma da na zo faɗa sai na ji bakina ya ce "mainos fo". Ya ake cewa da Hausa ne?

Maman Sadik: Bashin huɗu mana. Mai shago na bin ki kuɗi, kika kai masa 7, ya cire nasa ya miƙo miki canjin 3, nawa yake bin ki tun farko? Ko yaron da bai shiga aji ba zai ce 4.

Malam Na Bakin Kasuwa: Hajiya kin yi daidai, kuma ba yau aka fara ba. Brahmagupta, masanin lissafi na Indiya, tun shekarar 628 da dukiya da bashi ya rubuta ƙa'idojinsu. Sai dai bashin yana ba ni wahala a aji in an zo ninkawa. Na taɓa ce wa 'yan JSS 2 bashi sau bashi dukiya ne, wani daga baya ya ce to Malam bari ya je ya ƙara cin wani, aji ya kwashe da dariya, darasin ranar bai ƙaru ba.

Auta: Korau fa? Tunda a nahawu akwai tabbatau da korau.

Maman Sadik: Haba Auta, korau huɗu? Wa aka kora 😂

Ɗan Maradi: Mu a lakwal "mwan" muke cewa irin na Faransanci, duk jirgi ɗaya ya kwaso mu. Amma kun manta gaira. Kakata ba ta cewa sha takwas, ashirin gaira biyu take cewa, wani lokacin ashirin biyu babu. To −4 ai sifili gaira huɗu ne, a yar da sifilin a ce gaira huɗu, ya fi sauƙi a baki kuma ba ruwansa da kuɗi, ko sanyin Rasha ne sai ka ce gaira goma.

Malam Na Bakin Kasuwa: Kai, wannan ta zauna! Ɗebewa aiki ne, gaira kuma sunan lambar, dama nan yara ke rikicewa don alamar iri ɗaya ce. x − (−3) = 5 sai a karanta x a ɗebe gaira uku. Wurin bayani kuma a dawo da bashin Hajiya, in an yafe maka bashin 3 ai ƙaruwa ka yi da 3, x ya zama 2.

Baban Ummi: Na gode ƙwarai. Na ba ta −2x = 10 yanzu, ta raba kowane gefe da gaira biyu ta ce gaira biyar. Wai kuma tana bi na bashin ɗari biyu kuɗin gwaji.