Idan Gwamnati Ta Kori Ma'aikaci, Kotu Na Da Ta Cewa?

Baba Mai Ritaya: Assalamu alaikum. Ni maganata ɗaya ce, ya kamata kotu ta daina mayar da ma'aikatan da gwamnati ta kora. Mutum ya yi wata uku bai leƙa ofis ba, a sallame shi, bayan shekara biyar ya dawo riƙe da takardar kotu, a biya shi albashin aikin da bai yi ba. Wane darakta ne zai ƙara tsawata wa na ƙasa da shi?

Barista: Wa alaikumus salam. Baba, Allah ya ƙara girma, kotu ba wanke shi take yi ba. Abin da take dubawa shi ne ko an bi ƙa'ida. Dokokin aikin gwamnati sun ce a ba shi takardar tuhuma a rubuce, a fayyace laifin, a ba shi lokacin kare kansa. In an kafa kwamiti, ma'aikacin ya ga takardun da za a kafa hujja da su, ya yi wa shaidu tambayoyi. Sashe na 36 na kundin tsarin mulki ya ba kowa 'yancin a ji ta bakinsa. Ma'aikacin da doka ta kafa aikinsa ba yaron shago ba ne, Kotun Ƙoli ta tabbatar da haka tun 1981 a shari'ar Shitta-Bey.

Baba Mai Ritaya: Wato ko ɓarawo ne, in fayil bai cika ba, sai ya dawo?

Barista: Zai iya dawowa, Baba. Amma laifin na wanda ya yi gaggawar sa hannu ne.

Malama: Ku bar ni in sa baki. Baba, kai ka san ba duk kora ce ta laifi ba. Na zauna ofis ɗaya da wata baiwar Allah da ta ƙi sa hannu a baucan kayan da ba a kawo ba. Sati bai zagayo ba aka ba ta takarda wai ta raina na gaba. In an rufe ƙofar kotu, ina za ta kai kuka?

Ɗan Ƙungiya: Mun ga inda ba kotu ai. A 1975 gwamnatin Murtala ta sallami dubban ma'aikata, wasu a rediyo suka ji sunansu. A 1984 Dokar soja ta 17 ta hana kotu sauraren irin wannan ƙara gaba ɗaya. Aikin ya gyaru? Sai ma kowa ya koyi tara na gobe tun yana kan kujera.

Baba Mai Ritaya: Wannan kam na gani da idona, ba zan musa ba. Amma jinkirin fa? Malaman Jami'ar Ilorin 49 da aka kora a 2001, sai 2009 Kotun Ƙoli ta mayar da su, wasu ma sun riga mu gidan gaskiya. Albashin shekara takwas daga aljihun talaka ya fito.

Barista: Nan muna tare. Shi ya sa gyaran tsarin mulki na 2010 ya tattara shari'o'in aiki a Kotun Ma'aikata ta Ƙasa.

Malama: Har yanzu ana jira, Barista. Ni dai a ce jami'in da ya yi korar ba bisa ƙa'ida ba shi ma a ba shi tasa takardar, a cire wani abu daga albashinsa.

Baba Mai Ritaya: In aka yi haka, 'yata, babu daraktan da zai ƙara korar kowa, ko da an kama mutum dumu-dumu. Barista, akwai wata doka da ta tanadi hakan?