Shugaban rundunar Inka: Madawaki, Kaura ko Janar?

Mai Fassara: Malamai, a taimaka. Ƙarfe 4 za a sa shirin tarihi kan Calkucimak, wanda shi da Kiskis suka ja rundunar Atawalfa, sarkin daular Inka ta Kudancin Amurka, har suka kama ɗan'uwansa kuma abokin hamayyarsa Waskar kusa da Kusko, babban birnin daular, a 1532. Da Kecuwa, harshen Inka, apuskipay ake ce wa shugaban runduna. Me zan sa?

Bakano: Madawaki mana.

Malama: Ina dawakin? Inka ba su da doki sai da Sifaniyawa suka zo da shi. A ƙasa suke yaƙi, da majajjawa da kulki da mashi. Ka ce Madawaki, mai sauraro zai hango mahaya da lifidi.

Bakatsine: Kaura. A Katsina shi ke jan yaƙi.

Bakano: Wato komai sai an kai Katsina.

Bakatsine: Ku da kuka mai da Madaki ɗan majalisar zaɓen sarki?

Malama: A sa Janar a huta. Tsarin nasu na goma-goma ne: mai mutum 10, mai 100, mai 1,000, mai 10,000. Ya fi kama da sojan zamani.

Dattijo: Janar ba Hausa ba ne, 'yata. Tunda ana cewa Ubandawaki, sai mu ce Ubandakaru, dakare shi ne mai yaƙi a ƙasa. Ku ji yadda ya zauna: Ubandakaru Calkucimak yana garin Hauha da rundunarsa, Basifaniye Harnando Fizaro ya lallaɓe shi ya bi shi garin Kahamarka a 1533, inda Sifaniyawa ke tsare da Atawalfa tun 16 ga Nuwamba 1532.

Malama: Baba, ai su uku ne manya, da Kiskis da Ruminyawi. Ubanni uku kenan? Kuma wa ya taɓa jin kalmar?

Dattijo: Rediyo ma wa ya san shi kafin a faɗa?

Basakkwace: Sarkin Yaƙi. Haka ake kiran Aliyu Jeɗo a Sakkwato, kuma babu doki a cikin sunan. Matsala ɗaya: a jimlar da aka ambaci Sarki Atawalfa, sarki biyu za su yi karo, musamman wajen cewa an kashe sarkin a Yuli 1533, aka ƙone Calkucimak a Nuwamba. A nan a sa sunansa tsura.

Mai Fassara: Na ɗauki Sarkin Yaƙi. Zan ambaci apuskipay sau ɗaya a farko. Na gode.

Dattijo: To, na yau kawai. A rubuce dai Ubandakaru zan sa.